Kiɗa ma yana da nahawunsa: mu koye shi tun masu shi suna raye



A wani bikin aure da na halarta a wata unguwa ta Maraɗi, an gayyato wani dattijo mai goge, an kuma gayyato wani saurayi mai fiyano irin wadda ake haɗawa da lantarki. Iyayen biki suka ce su haɗu su yi kiɗa guda, domin a faranta ma tsofaffi da yara gaba ɗaya. Dattijo ya ja izga, saurayi ya danna fiyano, sai abu ya ƙi daɗi. Kowanensu gwani ne a fagensa, amma amon wannan yana karo da amon wancan, kamar an ɗaura ma sa da raƙumi galma guda. Saurayi ya ce gogen ne bai ɗauru daidai ba. Dattijo ya ce haka ubansa ya koya mashi, haka kuma sarakuna suka ji suka yi kyauta. Daga ƙarshe aka ƙara ma fiyano murya ta danne goge, dattijo ya mayar da kayansa cikin jaka, ya zauna yana kallo.

Tun ranar nan abin yake damuna, domin babu wanda ya yi kuskure a cikinsu. Abin da suka rasa shi ne ilimin da zai nuna masu inda saɓanin yake, da kalmomin da za su yi ma juna bayani da su. Wannan ilimi yana nan, ana kuma koyar da shi a makarantun duniya. Faransawa suna kiran matakinsa na farko solfeji. Mu a nan bari mu kira shi duka nahawun kiɗa: sanin matakan amo da tazarar da ke tsakaninsu, sanin lissafin bugu, sanin yadda muryoyi suke jituwa, da iya rubuta abin da kunne ya ji. Ra'ayina shi ne ya wajaba ƙasarmu ta koya ma ƴaƴanta wannan ilimi da gaske, kuma ta fara shi daga kiɗanmu da harsunanmu, tun dattawan da suke riƙe da kiɗan suna raye.

Na san abin da mutane da yawa za su ce, domin na sha jinsa. Za su ce kiɗa gado ne, ko kuwa baiwa ce daga Allah. Ɗan makaɗi da ganga ake haihuwarsa, wanda kuma ba a ba shi ba, ko ya shekara goma a lakwal ba zai iya ba. Akwai gaskiya cikin wannan magana. Babu takardar da za ta ba mutum muryar Ɗan Gurmu na Tawa, ko fasahar Ma'azu Ɗan Alalo na Damagaram, ko zalaƙar Mamman Shata. Amma ku da kuka shiga ajin yaƙi da jahilci kun fi kowa sanin amsar. Kafin ku riƙe alli kuna magana da Hausa tsantsa, kuna ciniki, kuna sasanta rigima, kuna ba da labari jama'a su yi tsit. Da kuka koyi baƙaƙe da wasula, shin Hausarku ta lalace? Ko kusa. Abin da ya ƙaru shi ne yanzu kuna iya aika maganarku Agadas ba tare da kun hau mota ba, kuna iya ajiye ta jikokinku su karanta, kuna kuma iya duba takardar awo kada a cuce ku. To, abin da rubutu ya yi ma mai magana, shi ne nahawun kiɗa yake yi ma makaɗi.

Malamanmu na zaure ma sun san misalin wannan. Larabawa sun daɗe suna waƙa kafin a haifi Halilu ɗan Ahmadu na birnin Basra. A ƙarni na 8 ya zauna ya saurari waƙoƙin magabata, ya auna gaɓoɓinsu, ya fitar da ma'auni 15, aka sami ilimin aruli. Halilu bai ƙirƙiro waƙa ba, sauraro ya yi ya bayyana ƙa'idar da ke ɓoye cikinta. Da wannan ma'auni nasa ne marubuta waƙoƙin ajami na ƙasar Hausa suka yi ta auna baitocinsu. Haka kuma Alfarabi, wanda ya rasu wajen shekarar 950, ya rubuta babban littafi a kan kiɗa, yana auna tsirkiyoyi da lissafi. A Italiya, wajen shekarar 1025, wani malami mai suna Gido na garin Arezo ya tsara rubuta amo a kan layuka, ya kuma ba matakan amo sunaye, domin yaro ya iya rera waƙar da bai taɓa ji ba. Daga sunayen nan nasa aka sami re, mi, fa, sol, la da ake rerawa yau, do da si kuwa daga baya suka zo. Kowace al'umma daga cikin waɗannan kiɗanta ta saurara ta fitar da nahawunsa. Mu ne har yanzu ba mu gama namu aikin ba.

Kada wani ya zaci ilimin nan wani tsafi ne na Turawa. Mafarinsa yana hannun duk mai gurumi. Ka kaɗa tsirkiya a sake, ka ji amonta. Sa'an nan ka danne ta daidai tsakiya, ka sake kaɗawa. Za ka ji amo na farko ne ya dawo, sai dai ya yi sama, kamar yadda mace da namiji suke rera waƙa guda, ita a sama shi a ƙasa. Dalili shi ne rabin tsirkiya yana girgiza sau biyu a lokacin da cikakkiya take girgiza sau ɗaya. In kuwa ka danne ta yadda kashi biyu cikin uku ne yake girgiza, za ka sami amon da ya fi kowane jituwa da na farko bayan wancan. Shi ne tazarar da ke tsakanin do da sol, girgiza uku a kan biyu. Wannan lissafi ɗaya ne a Tasawa da Bagadaza da Paris, domin haka Allah ya halicci amo.

Inda al'ummomi suka rabu shi ne yadda kowace take yanka tazarar da ke tsakanin amo da takwaransa na sama. Fiyano ta yanka ta gida 12 daidai wa daida, Turawa kuma suka fi zaɓen bakwai daga ciki su yi tsanin waƙarsu. Yawancin waƙoƙinmu tsani mai matakai biyar suke hawa. Kuma mai goge ba shi da gidajen da aka kafa mashi. Yatsansa yana sauka inda kunnen maigidansa ya koya mashi, wurin nan kuwa ba kullum yake faɗawa kan haƙorin fiyano ba, wani lokaci yana ɗan ƙasa kaɗan, wani lokaci ɗan sama. Ga sirrin abin da ya faru a bikin Maraɗi. Da saurayin nan an hori kunnensa, da ya gane matakin da suka saɓa, ya kauce ma haƙorin da yake karo, ko ya gyara injinsa ya bi goge, tun da da yawa daga cikin injunan nan suna karɓar gyara. Da yake bai sani ba, sai ya ɗauka duk abin da bai dace da injin ba kuskure ne. Ta haka ne jahilci yake sa mutum ya raina kayan gidansu.

Akwai wani abu kuma da ya fi wannan muhimmanci, wanda littattafan solfeji na Faransa ba za su taɓa gaya ma ɗalibinmu ba, domin Faransanci ba shi da shi. Hausa harshe ne mai karin murya. Ka ce kuka, muryarka tana sama daga farko har ƙarshe, ka ambaci zubar da hawaye. Ka ce kuka, ka fara sama ka sauko, ka ambaci itacen da ake miya da ganyensa. Haka wuya ta jiki da wuya ta wahala, hawa da saukar murya ne suka raba su. Saboda wannan ne kalangu yake magana: makaɗi yana matse tsarkiya a hammata amo ya hau, ya sassauta amo ya sauka, mai sauraro ya ji takensa ya tashi tsaye. Mawaƙanmu na gargajiya suna kiyaye wannan doka ko da ba su taɓa jin sunanta ba, karin waƙarsu yana bin karin magana. Yau kuwa sau nawa muke jin waƙa a rediyo, an aro karinta daga wata ƙasa, an cusa mata kalmomin Hausa da ƙarfi, har sai ka saurara sau uku kafin ka gane abin da ake faɗi?

Nan ne zancen jituwar muryoyi ya shigo. A wajen Turawa, gwaninta ita ce a ɗora amo uku ko huɗu a kan juna lokaci guda, kamar do da mi da sol, a yi ta sauya su bisa ƙa'ida. Wani Bafaranshe mai suna Rameau ya tattara ƙa'idojin nan cikin littafi a shekarar 1722, kuma har yau a kansu ake gina koyarwa. Cikin abubuwan da suke so akwai murya ɗaya ta hau yayin da ɗaya take sauka. To amma in ƴan amshi biyu suna faɗin kalma guda ta Hausa, ɗaya yana hawa ɗaya yana sauka, ai ɗayansu yana kuka ne, ɗayan yana miyar kuka. Shi ya sa tamu jituwar ta bi wata hanya: jagora ya bayar, ƴan amshi su karɓa da murya guda, ganguna su saƙa bugu cikin bugu, wannan yana uku wancan yana biyu, su haɗu su rabu su sake haɗuwa, wata tsirkiya ta tsaya kan amo guda, ƴar'uwarta tana yawo a kanta. Wannan ma ilimi ne mai zurfi, yana da dokoki, ana kuma iya koyar da shi a aji. Ɗalibin da ya san hanyoyin nan biyu shi ne zai san inda zai ara da inda zai bar aro, domin zanen aro ba ya rufe katara.

Wasu ƙasashen Afirka sun riga mu bin wannan hanya. A Gana, Ephraim Amu, wanda ya rasu a 1995, ya fara da koyon kiɗan Turawa, sa'an nan ya koma wajen makaɗa da masu busa na ƙasarsu ya durƙusa ya koya, ya riƙa tsara waƙoƙin taron muryoyi masu bin karin harsunan Gana. Bayansa Kwabena Nketia ya shafe rayuwarsa yana rubuta kiɗan Afirka da nazarinsa, ya fitar da littafi a 1974 wanda jami'o'in duniya suka karanta. A Najeriya, Fela Kuti ya tafi makarantar kiɗa a London a 1958, kuma karatun bai hana shi dawowa ya yi kiɗan da duk wanda ya ji ya san na Afirka ne ba.

Mu ma muna da namu darasi, mai daɗi da ɗaci. Taken ƙasarmu na farko, wanda aka ɗauka a 1961 aka yi ta rerawa har zuwa 2023 da aka sauya shi, Faransawa ne suka rubuta kalmominsa, Faransawa kuma suka tsara kiɗansa. A lokacin nan ƙasar cike take da makaɗa da mawaƙa, daga fadar Damagaram har bakin kogin Kwara. Amma taken ƙasa a takarda ake miƙa shi ga masu busa na soja da na ƙasashen waje, kuma wanda ke da alƙalami shi ake nema.

Darasi na biyu ya fi taɓa zuciya. A bakin tabkin Cadi, Buduma masunta suna da wani abin kiɗa mai suna biram, mai tsirkiya biyar, ƙirarsa kamar kwalekwale. An wayi gari saura dattijo guda da aka sani ya iya shi sosai, Bukar Tar. A shekarar 2002 Malam Maman Barka, malamin makaranta kuma gwanin gurumi, ya sami tallafin Unesco, ya tafi wajen dattijon nan ya zauna ya koya. Ya dawo da biram, ya kaɗa shi a Yamai, ya kai shi har Turai. Da mushen nan bai tashi ba, da biram ya bi maigidansa kabari. Shi kansa Malam Maman Barka ya rasu a 2018. Sai mu tambayi kanmu: biram nawa ne a yau suke rataye a bangon wani ɗaki a Adar ko Gobir ko Manga, mai su ya tsufa, ƴaƴansa sun tafi bariki? Take nawa na farauta, na noma, na dambe, na sarauta, suke cikin kan mutum guda? Gidan ajiye kayan tarihi na ƙasa da ke Yamai yana adana kayan kiɗa, kuma aiki ne mai kyau. Amma algaitar da ke bayan gilashi ba ta busa kanta.

Wani zai ce ai yanzu akwai na'ura, kowace wayar hannu tana ɗaukar murya, me za a yi da rubutu? Lalle a ɗauka, a kuma ɗauka da yawa. Sai dai abin da aka ɗauka yana ba ka waƙar ne kawai, ba ya gaya maka yadda aka gina ta. Mai na'ura yana iya maimaitawa. Mai nahawu yana iya warware waƙar, ya ga ƙashinta, ya koya ma yara arba'in a aji guda, ya kuma gina sabuwa a kan tsohon harsashi. Haka nan ban ce takarda ta wadatar ba. Layukan nan biyar na solfeji ba a yi su domin goge ba, dole a lanƙwasa su. Mun taɓa yin irin wannan aiki: baƙaƙen boko ba su da ɓ da ɗ da ƙ, aka yi masu ƙugiya domin su ɗauki Hausa, aka kuma zauna a Bamako a 1966 aka daidaita rubutun harsunanmu. Abin da aka yi ma baƙaƙe ana iya yi ma alamomin amo. Kuma ko an yi, kunne ne gaba. A sauran al'amura gani ya kori ji, amma a kiɗa ji ne sarki, takarda baransa ce.

Wani kuma zai ce, ƙasar da ke fama da fari da tsadar hatsi, ina ruwanta da do re mi? Amsa ita ce abin da ake bukata bai kai kuɗin rijiya guda ba a kowace makaranta. Horon kunne ba ya son lantarki. Malami ya rera amo, yara su maimaita. Ya tafa uku, su tafa biyu. Ya rera rabin waƙa, su cika. Ya faɗi kalma, su zana hawanta da saukarta a allo. Murya da tafi da ƙwarya sun isa shekara biyu ta farko. Kuma kiɗa sana'a ce da take ciyar da gidaje. Makaɗin da ya iya karatu da rubutun amo yana iya zama da ƴan kiɗan kowace ƙasa su fahimci juna cikin sa'a guda, yana iya koyarwa, yana iya kafa hujja ranar da wani ya sace mashi kari. Ga iyayen da suke tsoron kada ɗansu ya zama maroƙi, ilimin nan shi ne yake fitar da kiɗa daga roƙo ya mayar da shi aiki mai lada sananne.

Ba daga sifiri za mu fara ba. A zamanin Janar Seyni Kountché, bikin matasa na ƙasa da ƙungiyoyin samariya sun fito da mawaƙa da ƴan rawa daga kowace jaha. Tun shekarun 1980 aka kafa gasar kiɗa mai sunan Ɗan Gurmu. Wajen 1990 aka buɗe cibiyar koyar da kiɗa mai sunan Elhaji Taya a Yamai, kuma makaɗa da yawa da suka ɗaga sunan Nijar sun bi ta cikinta. Amma gasa tana tsinkar ƴaƴan itace ne, ba ta dasa shi. Cibiya guda a babban birni kuma ba za ta isa yaron Mirya ko na Madawa ba. Saboda haka ga abin da nake roƙon magabata su duba.

Na farko, a ba horon kunne da nahawun kiɗa sa'o'i tabbatattu a makarantun horon malamai, a kuma yi jarrabawa a kansu, domin abin da ba a jarrabawa a kai ba a koyar da shi.

Na biyu, a ɗauki sarakunan makaɗa da gwanayen goge da gurumi da algaita a matsayin malamai, a biya su haƙƙinsu kamar kowane mushe, a haɗa kowanensu da matashi mai ilimin rubutun amo. Dattijo ya kaɗa, matashi ya rubuta ya tambaya, sa'an nan ya kaɗa abin da ya rubuta, dattijo ya ce i ko a'a. Hukunci na ƙarshe na dattijo ne.

Na uku, a wallafa ɗan littafi mai sauƙi cikin Hausa da sauran harsunan ƙasa, misalansa duka daga waƙoƙin daka da na gaɗa da na noma waɗanda yara suka riga suka sani. Kafin a ƙirƙiro sabuwar kalma a fara tambayar makaɗa, domin suna da sunayen da suke kiran tsirkiyoyinsu da bugunsu. Tun da an ɗaukaka Hausa ta zama harshen ƙasa a 2025, ya kamata ta iya ɗaukar kowane fanni na ilimi, har da wannan.

Na huɗu, tsofaffin faifai da kaset da ke ajiye a gidan rediyon ƙasa a kwafe su kafin zafi da ƙura su cinye su, a buɗe su ga ɗalibai su saurara su rubuta.

Na biyar, gidajen matasa da al'adu na jahohi su buɗe ajin yamma, kamar yadda aka yi ma karatun manya, domin samari masu fiyano da gita da suke cike garuruwanmu su sami inda za a hori kunnensu. Yawancinsu suna so, wurin zuwa ne ba su da shi.

Ku kuma ƴan'uwa da kuka yi nasarar yaƙi da jahilci, akwai abin da za ku iya tun yau ba tare da jiran hukuma ba. In akwai tsohon makaɗi a garinku, ku ɗauki littafi da alƙalami ku je ku gaishe shi. Ku rubuta sunan kowane take da ya sani, da wanda ake yi ma shi, da lokacin da ake kaɗa shi, da wanda ya koya mashi, da yadda yake ɗaure tsirkiyarsa. In akwai waya a ɗauki amon. Wannan shi ne tubalin farko, masu ilimin amo za su zo su ɗora a kai.

Har yanzu ina ganin dattijon nan na Maraɗi zaune da jakarsa a cinya. Ban ji ya zagi kowa ba, shiru kawai ya yi. Fatana shi ne a biki na gaba saurayin ya matso kusa da shi, ya ce, baba, sake ja mini in ji, sa'an nan ya gyara injinsa ya bi shi a baya. Icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi, kuma da tsohuwar zuma ake magani.

Allah shi ba mu kunnen ji da hannun rubutawa. Wassalam.